Sabbin alluran cutar asma: ko za su amfani majinyata a Gwarzo da Kabo?

Da zarar an kammala girbi, iskar hunturu ta fara kaɗawa, masu fama da cutar asma a ƙananan hukumomin Gwarzo da Kabo da ke yammacin jihar Kano sukan shiga watannin da suka fi kowane lokaci wuya a gare su. Ƙurar sussukar gero da dawa ta haɗu da hazon da iska ke kwasowa daga hamada, ga kuma hayaƙin itace da na kara da ake jin ɗumi da su a cikin ɗaki.

A irin wannan lokaci ne wasu iyalai kan ji labarin cewa a ƙasashen Turai da Amurka akwai wata allura da ake yi wa mai asma sau ɗaya a wata, ya samu sauƙin da bai taɓa samu ba.

Labarin gaskiya ne. Tun daga shekara ta 2003 likitoci ke amfani da wasu allurai da aka sarrafa daga sinadaran garkuwar jiki wajen kula da asma mai tsanani, kuma sun taimaki mutane da dama. To sai dai kuma ba kowane mai asma aka yi wa su ba, ba sa warkar da cutar, kuma akwai abubuwan da ya kamata iyali su sani kafin su ɗaga gona ko su sayar da shanu domin neman su.

Abin da ke faruwa a ƙirjin mai asma

Iskar da mutum ke shaƙa tana bi ta wasu bututai ne da suka yi rassa a cikin huhu, kamar reshen bishiya, suna ƙara sirancewa. A jikin mai asma, bangon waɗannan bututai a kumbure yake a kusan kowane lokaci, ko da mutum yana jin lafiyarsa lau.

Idan ya shaƙi wani abu da jikinsa ba ya so, sai naman da ke kewaye da bututan ya matse, kumburin ya ƙaru, majina mai kauri ta cika hanya. A nan ne numfashi ke sarƙewa, ana jin ƙara kamar fito, ƙirji ya ɗaure, tari ya hana barci, musamman da tsakar dare ko da asuba.

Abubuwan da ke tayar da cutar sun bambanta daga mutum zuwa mutum. A yankin Gwarzo da Kabo, inda noma da kiwo suka fi rinjaye, akwai ƙaiƙayi da ƙurar rumbu, da hayaƙin girki, da maganin sauro na kunnawa, da turaren wuta, da kyankyasai, da wasu ƙananan halittu da ido ba ya gani waɗanda ke zama a katifa da matashin kai. Mura ma takan tayar da ita, haka nan wasu magungunan ciwon jiki irin su asfirin ga wasu mutane.

Sai kuma ƙurar hunturu, wadda kaso mai yawa daga cikinta ke tasowa daga kwarin Bodele da ke arewacin ƙasar Chadi, tana sauka a ƙasar Hausa tun daga watan Nuwamba har zuwa wajen Maris.

Hukumar Lafiya ta Duniya, wato WHO, ta ƙiyasta cewa a shekara ta 2019 mutane miliyan 262 ne ke ɗauke da asma a duniya, kuma ta yi sanadiyyar mutuwar mutane dubu 455. Akasarin mace-macen a ƙasashe masu ƙaramin ƙarfi suke aukuwa.

A Najeriya, wani bincike da aka gudanar a birane biyar aka kuma wallafa a shekara ta 2019 ya ƙiyasta cewa kimanin mutane miliyan 13 ne ke da cutar. Binciken ya gano kashi 6.4 cikin ɗari na waɗanda aka tambaya suna da alamomin da suka tabbatar da asma, amma kashi 2.5 cikin ɗari ne kawai likita ya taɓa shaida musu cewa suna da ita.

Wane irin magani ne wannan?

Jikin ɗan Adam yana ƙera wasu sinadarai na furotin da masana ke kira antibodi, waɗanda a Hausa akan kira su sojojin jiki. Kowane ɗaya yana da abin da yake ganewa ya kama, kamar yadda kowane mukulli yake da kwaɗonsa.

Amfani da su a matsayin magani ba baƙon abu ba ne a arewacin Najeriya. Maganin dafin maciji da ake yi wa waɗanda kububuwa ta sara, a asibitin Kaltungo da ke jihar Gombe da sauran wurare, irin waɗannan sinadarai ne da aka tace daga jinin doki ko na tunkiya.

Abin da ya canza al'amura shi ne aikin wasu masana biyu, Georges Köhler da César Milstein, a birnin Cambridge na Ingila. A shekara ta 1975 suka gano yadda za a sa ƙwayoyin halitta su riƙa samar da antibodi iri ɗaya tak, mai kama abu ɗaya tak, kuma da yawan da ake bukata. Wannan aiki ya sa aka ba su lambar yabo ta Nobel a shekara ta 1984.

Su dai waɗannan magunguna ba a harhaɗa su kamar yadda ake harhaɗa farasitamol. Ƙwayoyin halitta masu rai ake rainon su a cikin manyan tankuna, galibi waɗanda asalinsu aka samo daga wata ƙaramar dabba dangin ɓera mai suna hamsta, sannan a tace furotin ɗin da suka samar. Wannan yana daga cikin dalilan tsadarsu. Shi ne kuma dalilin da ya sa ba a yin su a matsayin ƙwayar haɗiya, domin ciki zai narkar da su kamar yadda yake narkar da nama.

Da irin wannan fasaha aka samar da magunguna biyu na cutar Ebola da Amurka ta amince da su a shekara ta 2020, kuma an gwada wasu a ƙasar Mali domin kare mutane daga zazzaɓin cizon sauro.

Alluran da abin da kowacce ke kamawa

Ta farko ita ce omalizumab, wadda ake sayarwa da sunan Xolair. Hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka, FDA, ta amince da ita a shekara ta 2003, Tarayyar Turai kuma a 2005. Aikinta shi ne kama wani sinadari na jiki mai suna IgE, wanda shi ne ke kunna wutar alaji idan mutum ya shaƙi abin da jikinsa ya ƙi. Ana yin ta a ƙarƙashin fata duk mako biyu ko huɗu, kuma ana ƙayyade yawanta ne bisa nauyin mutum da yawan IgE da ke jininsa.

Bayan shekaru 12 sai aka samu wani rukuni da ke fuskantar wasu fararen ƙwayoyin jini masu suna iyosinofil, waɗanda kan taru a huhun wasu masu asma su haddasa kumburi. Mepolizumab, ko Nucala, ta kamfanin GSK, ta fito a shekara ta 2015, ana yin ta duk mako huɗu. Reslizumab ta biyo baya a 2016, ita ta jijiya ake ba da ita. Sai benralizumab, ko Fasenra, ta kamfanin AstraZeneca a 2017, wadda bayan allurai uku na farko ake yin ta duk mako takwas.

Dupilumab, wadda aka fi sani da Dupixent, an fara amincewa da ita ne domin wata cutar fata mai ƙaiƙayi a 2017, kafin a amince da ita domin asma a 2018. Duk mako biyu ake yin ta.

A ƙarshen shekara ta 2021 aka amince da tezepelumab, ko Tezspire, wadda ke toshe wani saƙo da bangon bututan huhu ke aikawa tun a matakin farko na kumburi. A babban gwajin da aka yi mata a kan mutane sama da dubu, ta rage yawan tashin cutar da kashi 56 cikin ɗari idan aka kwatanta da waɗanda aka yi wa allurar da babu magani a cikinta.

A dunƙule, gwaje-gwaje sun nuna cewa ga majinyacin da ya dace, irin waɗannan allurai sukan rage mummunan tashin asma da wajen rabi. Wasunsu kuma sukan ba da damar rage ƙwayoyin sitiroyid da mutum ke haɗiya.

Wannan batu na biyu yana da muhimmanci a ƙasar Hausa, inda ake sayen firedinisolon da deksametazon a kemis ba tare da takardar likita ba. Ƙwayoyin suna kwantar da asma, amma shan su na tsawon watanni kan jawo ciwon sukari, da hawan jini, da yanar ido, da raunin ƙashi, da raunin garkuwar jiki.

Ba kowa suke yi wa aiki ba

Tarihin mepolizumab ya isa misali. A lokacin da aka fara gwada ta a kan masu asma, aka kuma wallafa sakamakon a shekara ta 2000, ba a ga wani amfani na a zo a gani ba, har aka kusa yin watsi da ita. Sai a shekara ta 2009 wasu likitoci a birnin Leicester na Ingila da kuma Hamilton na Kanada suka sake gwada ta, a wannan karon a kan waɗanda aka tabbatar iyosinofil sun yi yawa a huhunsu, kuma cutar na yawan tasar musu. Nan ne amfaninta ya fito fili.

Ke nan maganin bai canza ba, majinyatan da aka zaɓa ne suka canza. Shi ya sa likita ba ya rubuta ɗaya daga cikin alluran sai ya auna jini, ya auna ƙarfin numfashi, ya kuma bi tarihin cutar.

Akwai kuma bambanci tsakanin asma mai tsanani da asmar da ba a kula da ita yadda ya kamata ba. A wurin likitoci, ba a cewa asma mai tsanani ce sai mutum yana shaƙar cikakken maganin rigakafi kullum, yana shaƙarsa daidai, an magance sauran matsalolin da ke tare da shi, amma duk da haka cutar ta ƙi lafawa.

Ƙungiyar masana ta duniya mai tsara ƙa'idojin kula da asma, wato GINA, wadda aka kafa a shekara ta 1993, tana kafa hujja da wani bincike na ƙasar Holand. Binciken ya nuna kimanin kashi 17 cikin ɗari na manya masu asma suna da wadda ke da wuyar sha'ani, amma da aka ware waɗanda ba sa shan magani a kan kari ko ba su iya shaƙarsa ba, ƙasa da kashi 4 cikin ɗari ne suka rage.

Idan haka abin yake a ƙasar da kowa ke da inshorar lafiya, to mutumin Getso ko Garo da ake kwasa zuwa asibiti sau uku a hunturu guda, kuma bai taɓa riƙe maganin rigakafi na shaƙa ba, ba a kai ga sanin ko asmarsa mai tsanani ce ba tukuna. Mai yiwuwa maganin farko ne bai samu ba.

Wajibi ne kuma a tabbatar asma ce. Tarin da ya wuce mako biyu, tare da rama da gumin dare, yana iya zama tarin fuka, wanda gwajinsa da maganinsa kyauta ne a cibiyoyin gwamnati. Ciwon zuciya ma yakan kawo sarƙewar numfashi ga dattawa, haka kuma lalacewar huhu da shekarun shaƙar hayaƙin murhu ke jawo wa mata.

Su alluran ba sa kwance ƙirjin da ya riga ya ɗaure, don haka ba maganin gaggawa ba ne. Ƙari ne a kan maganin shaƙa, ba madadinsa ba. Akan duba ko sun yi amfani bayan kimanin wata huɗu, kuma idan aka daina yin su cutar kan dawo wa mutane da yawa. A shekara ta 2007 hukumar FDA ta sa aka rubuta gargaɗi na musamman a kan omalizumab, saboda mutum ɗaya zuwa biyu a cikin dubu kan gamu da mummunan borin jiki mai iya kisa. Don haka alluran farko a asibiti ake yin su, a kuma tsare majinyacin na ɗan lokaci.

Batun tsutsar ciki da tsargiya

Akwai wata matsala da ba ta cika damun likitan London ba, amma dole ta dami likitan Kano. Sinadarin IgE da ƙwayoyin iyosinofil, waɗanda alluran ke ragewa, suna daga cikin makaman da jiki ke yaƙar tsutsotsi da su.

A yankin da ake noman rani da kamun kifi da wanka a bakin madatsun ruwa, irin su Guzu-Guzu a Kabo da Chalawa a Ƙaraye mai maƙwabtaka, tsargiya da tsutsar ciki ba baƙi ba ne. Wannan yana shafar maganin ta fuska biyu.

Ta farko, tsutsa tana ƙara yawan iyosinofil da IgE a jini. Sakamakon gwaji zai iya nuna kamar mutum ya dace da allurar, alhali tsutsa ce ta ɗaga adadin. Wasu tsutsotsin ma sukan ratsa ta huhu a lokacin girmansu, su sa tari da numfashi mai ƙara. Ga omalizumab kuwa, jadawalin da ake auna ta da shi yana da iyaka: a Amurka ma'auni 700 ga manya, a Turai 1,500. Wanda tsutsa ta ɗaga masa IgE ya haura haka ya fita daga jadawalin.

Ta biyu, kamfanonin da ke yin yawancin alluran sun rubuta a takardun bayaninsu cewa a fara magance tsutsar da ke jikin majinyaci kafin a soma yi masa. Ƙungiyar GINA ma tana ba da shawarar a binciki tsutsa idan iyosinofil sun kai 300 a ma'aunin jini, musamman wata mai suna sitironjiloyidis, wadda kan bazu a jiki ta yi kisa idan aka ba mai ɗauke da ita sitiroyid mai yawa.

Abin farin ciki shi ne maganin tsutsa ba shi da tsada. Firazikwantel na tsargiya, da albendazol da ibamektin, duk sanannun magunguna ne a Najeriya, kuma ana raba wasunsu kyauta a makarantu da ƙauyuka.

Tsada, sanyi da nisa

A Amurka, farashin da kamfanoni ke sa wa irin waɗannan allurai yakan kai dala dubu 30 ko fiye a shekara. A shekara ta 2024 dala ɗaya ta haura naira 1,500, wato ana maganar naira miliyan 45 ke nan. A wannan shekarar ce gwamnatin jihar Kano ta tsayar da mafi ƙarancin albashi a kan naira dubu 71 a wata. Ma'aikacin da ke karɓar wannan albashi sai ya yi sama da shekara 50 bai taɓa ko kwabo ba kafin ya tara kuɗin allurar shekara guda.

Farashin ya fi sauƙi a ƙasashen da gwamnati ke ciniki da kamfanoni, kamar Birtaniya, inda hukumar lafiya ta ƙasa ke biya wa majinyacin da ya cika sharuɗɗa. Haka kuma wa'adin mallakar fasahar omalizumab ya ƙare, har kamfanin Celltrion na Koriya ta Kudu ya samar da makamanciyarta mai suna Omlyclo, wadda Tarayyar Turai ta amince da ita a shekara ta 2024, Amurka kuma a 2025. Irin wannan gasa kan sauko da farashi, ko da yake ba kamar yadda na ƙwayoyin haɗiya ke faɗuwa ba, tun da yin maganin kansa yana da wuya.

Bayan kuɗi akwai ajiya. Alluran suna bukatar sanyin da ke tsakanin digiri 2 zuwa 8 a ma'aunin Selshiyos, ba a yarda su daskare ba, ba a yarda su sha zafi ba. A yankin da zafin watan Afrilu kan haura digiri 40, wutar lantarki kuma ba ta da tabbas, allurar da aka ɗauko a jaka daga wata ƙasa tana iya lalacewa ba tare da kamanninta sun canza ba. Magani mai tsada irin wannan kuma shi ne abin da masu jabu suka fi so. Duk wanda aka yi wa tayin sa a bayan fage, ba ta hannun likitan ƙirji da kantin magani na asibiti ba, kuma babu lambar rajistar hukumar NAFDAC, to ya yi hattara.

Sai nisa. Garin Gwarzo yana da tazarar kimanin kilomita 70 daga birnin Kano, ta hanyar da ta bi ta Rimin Gado. Ƙidayar shekara ta 2006 ta nuna ƙaramar hukumar Gwarzo na da mutane sama da dubu 180, Kabo kuma sama da dubu 150, kuma adadin ya ƙaru sosai tun daga lokacin. Akwai babban asibiti a Gwarzo, amma ƙwararrun likitocin ƙirji a manyan asibitocin birni suke, irin su Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano. Mai karɓar allurar wata-wata sai ya lissafa kuɗin mota da na ɗan rakiya da ranar aikin da zai rasa, sau 12 ko 13 a shekara.

Maganin da ya fi kusa

Yawancin masu asma inhela ɗaya suka sani, wato shuɗiya, mai ɗauke da salbutamol, wadda aka fi sani da Ventolin. Tana buɗe ƙirji cikin mintoci, amma ba ta taɓa kumburin da ke ƙasa. Masana sun gano cewa wanda ke ƙarar da gwangwani uku ko fiye a shekara yana cikin haɗarin mummunan tashin cutar, wanda ke ƙarar da 12 kuwa haɗarin mutuwa ya ƙaru a kansa.

Abin da ke rage kumburin shi ne sitiroyid na shaƙa, kamar beklometazon da budesonayid, waɗanda ake amfani da irinsu tun shekarun 1970. Ɗan kaɗan ne ke shiga, kuma huhu yake nufa kai tsaye, don haka illarsa ba ta kama ƙafar ta ƙwayoyin haɗiya ba. A shekara ta 2019 ƙungiyar GINA ta daina ba da shawarar a kula da manya da matasa da shuɗiyar inhela ita kaɗai. Ta ce kowa ya samu maganin da ke ɗauke da sitiroyid na shaƙa, musamman haɗin budesonayid da fomoterol, wanda ke buɗe ƙirji yana kuma rage kumburi a lokaci guda.

Waɗannan magungunan shaƙa suna cikin jerin muhimman magunguna na hukumar WHO. Alluran da muke magana a kansu ba sa cikin jerin da hukumar ta fitar a shekara ta 2023.

To amma su ma magungunan shaƙar ba su wadata ba. Bayan da kamfanin GSK ya sanar a watan Agustan 2023 cewa zai daina sayar da kayansa kai tsaye a Najeriya, a daidai lokacin da darajar naira ke faɗuwa, farashin inhela ya yi tashin gwauron zabi. Wani bincike da aka wallafa a shekara ta 2024, wanda ya shafi 'yan makaranta kimanin dubu 27 a biranen Afirka shida ciki har da Legas, ya gano cewa kusan kashi 80 cikin ɗari na masu alamomin asma ba a taɓa gano cutar a jikinsu ba. Ba mamaki da taken Ranar Asma ta Duniya ta shekarar 2025, wadda ake yi a Talatar farko ta watan Mayu, ya kasance kira ne da a samar wa kowa maganin shaƙa.

Akwai kuma iya shaƙar. Mafi yawan majinyata ba sa yin ta daidai, maganin ya tsaya a baki da maƙogwaro. A shekara ta 1999 Farfesa Heather Zar da abokan aikinta a birnin Cape Town na Afirka ta Kudu suka nuna cewa robar lemo mai cin rabin lita, idan aka huda gindinta aka cusa bakin inhela, tana aiki kamar na'urar da ake saya da tsada domin taimaka wa yara shaƙar magani. Ma'aikacin jinya a Kabo zai iya koya wa uwa wannan a cikin minti biyar.

Wasu kuma tsoro ne ke hana su, bisa jita-jitar cewa wanda ya fara inhela ba zai rabu da ita ba. Inhela ba ta sa jaraba. Cutar ce mai daɗewa, kamar hawan jini, shi ya sa maganinta ke daɗewa. Kuma ba a fafe gora ranar tafiya: mai asma da ya san hunturu ne ke kayar da shi, tun kafin kaka ya kamata ya ga likita a daidaita masa magani.

Game da azumi, majalisar fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na Jidda a shekara ta 1997, ta sanya allurar magani da ba ta abinci ba a cikin abubuwan da ba sa karya azumi. A kan inhela kuwa malamai sun yi saɓani. Likitoci dai suna gargaɗin kada a jingine maganin rigakafi a watan Ramadan, tun da ana iya shaƙarsa da sahur da bayan buɗa-baki, kuma kada wanda numfashinsa ya sarƙe ya jira faɗuwar rana.

Idan mai asma ya kasa ƙarasa magana saboda haki, ko leɓɓansa suka canza launi, ko ya fara gyangyaɗi, ko shuɗiyar inhela ta daina yi masa aiki, to a garzaya da shi asibiti mafi kusa a wannan lokaci.

Wanda kuwa ya yi watanni yana shaƙar maganin rigakafi kullum, likita ya duba yadda yake shaƙa ya gamsu, an kawar da zargin tarin fuka da tsutsa, amma har yanzu ana kwantar da shi ko ba ya rabuwa da firedinisolon, shi ne ya kamata ya nemi a tura shi wurin likitan ƙirji a Kano, domin a auna jininsa a ga ko yana cikin 'yan kaɗan ɗin da aka yi waɗannan allurai dominsu.